Littattafan tarihin bauta da abin da ta bari: tambayoyin masu karatu a Maraɗi

Waɗannan tambayoyi ne da suke yawan dawowa daga bakin ɗaliban lise da na jami'a, da malaman makaranta, da dattawa masu son karatu a nan Maraɗi, duk lokacin da aka taɓo zancen bauta. Na jera su daga masu sauƙi zuwa masu nauyi. Kowace amsa ana iya karanta ta ita kaɗai, amma inda wata ta jingina da wata na nuna.

Ban taɓa karanta komai a kan bauta ba. Da wane littafi zan fara?

Fara da na gida, cikin harshenka. *Shaihu Umar* na Abubakar Tafawa Ɓalewa ya fito a 1934, bayan gasar rubutun Hausa da aka shirya daga Zariya, kuma ƙarami ne, a zama biyu za ka gama shi. Ƙagaggen labari ne, amma hanyar da aka bi da yaron gaskiya ce: an raba shi da gida, an kai shi Kano, wani Balarabe ya ƙetare hamada da shi. Yawancin masu karatu Umar suke bi, domin shi ya dace da ubangida mai kirki har ya zama babban malami. Ni roƙona shi ne ka bi uwar. Ta fita neman ɗanta tana ƴantacciya, aka yaudare ta aka sayar, ta sha wuya har Murzuk da Tarabulus. A wajenta ne za ka ga abin da bauta take yi wa mutum.

Daga nan sai ka nemi labarin Dorugu, wanda ba ƙage ba ne, kuma ɗan ƙasarmu ne. An haife shi wajen 1840 a wani ƙauye kusa da Kance, a ƙasar Damagaram. Mahara suka kama shi yana yaro, aka kai shi Barno, wani Bajamushe mai suna Overweg ya fanshe shi. Ya bi Heinrich Barth, wani matafiyi Bajamushe, har Tumbutu, ya bi shi Ingila a 1855. A can ne ya ba wani ɗan mishan, J. F. Schön, labarin rayuwarsa da Hausa, aka buga shi cikin *Magana Hausa* a 1885. Rubutun bokon littafin tsohon yayi ne, zai ba ka wahala a shafukan farko, amma muryar yaron tana fita sarai. Dorugu ya dawo gida, ya yi aikin koyarwa, ya rasu a Kano a 1912.

Faransanci na iya, ba na jin Ingilishi. Akwai abin da zan karanta?

Akwai, kuma masu kyau. Jean-Pierre Olivier de Sardan ya tattara labaran manoman yammacin Nijar a *Quand nos pères étaient captifs* a 1976. Na ƙasar Zabarmawa da Songai ne, amma duk Bahaushen da ya karanta zai ga abubuwan da ya sani. André Salifou ya rubuta tarihin Damagaram na ƙarni na 19, wanda ya fito a 1971, inda za ka ga yadda hari da cinikin hamada suka ɗauki nauyin fadar Zinder. Don halin da ake ciki a zamaninmu akwai *L'esclavage au Niger* wanda Galy Kadir Abdelkader ya jagoranta. An kuma fassara labarin Baba ta Karo zuwa Faransanci, ita da za ka sake ji a amsar da ta bambanta nau'o'in bayi.

Ba Turawa ne suka kawo bauta Afirka ba?

Turawa sun yi cinikin da ya fi kowanne girma da tsari. Daga ƙarni na 16 zuwa na 19 an ɗora kimanin mutum miliyan 12.5 a jiragen ruwa daga gaɓar Afirka, kimanin miliyan 10.7 ne suka sauka da rai a ƙasashen Amurka. Wannan ba abin da za a rage masa nauyi ba ne, kuma duk mai son ganin yadda arzikin Turai ya ci daga gumin nan ya karanta Eric Williams, wanda littafinsa ya fito a 1944, da Walter Rodney na 1972.

Amma Nasara ba su zauna a ƙasar Hausa ba sai bakin 1900, bauta kuwa ta riga su da ɗaruruwan shekaru. Ayarin da ke fita daga Kano ya bi ta Zinder da Agadas zuwa Gat da Gadamas da Tarabulus, yana ɗauke da fata da gashin jimina da mutane. Barth, da ya zauna a Kano a 1851, ya ƙiyasta cewa bayin da ake fitarwa daga birnin a shekara ba su wuce 5,000 ba, ya kuma lura waɗanda ake riƙewa a cikin ƙasa suna da yawa ƙwarai. Paul Lovejoy da Jan Hogendorn sun ƙiyasta cewa wajen 1900 akwai bayi tsakanin miliyan 1 da miliyan 2.5 a daular Sakkwato. Waɗannan ba teku suka ƙetare ba. Gero suka noma, ruwa suka ɗebo, turmi suka daka, a garuruwan da muke zuwa biki da ta'aziyya yau. Idan karatunka ya tsaya a kan jiragen ruwa kawai, ka karanta laifin wasu ne ka tsallake naka tarihin.

Akwai littafin da ya yi maganar Maraɗi ita kanta?

Akwai, sai dai a warwatse yake, kuma sai ka fara riƙe tarihin garin. Da Katsina ta faɗa hannun masu jihadi wajen 1807, sarakunanta na dā suka yi arewa, har Ɗan Kasawa ya kafu a Maraɗi wajen 1819. Gobirawa kuma suka zauna a Tsibiri. Kusan ƙarnin gaba ɗaya yaƙi ake tsakanin waɗannan garuruwa biyu da ƙasashen da ke bin Sakkwato. Yaƙi a wancan zamani ganima ne, ganima kuwa dawaki ne da shanu da mutane. Maraɗawa sun kai hari ƙasar Katsina da Zamfara har gefen Kano sun dawo da kamammu, su ma an kai wa ƙauyukansu hari an tafi da nasu. Barth ya bi ta Tasawa da Gazawa a watan Janairun 1851, ya bayyana dajin da ke tsakanin Gazawa da Katsina: wurin da dā akwai garuruwa ya koma kufai, fatake suna ratsa shi da tsoro.

M. G. Smith ya rubuta babi guda a 1967 kan Maraɗi a zamanin Ɗan Baskore, 1854 zuwa 1875, inda ya zayyana tsarin fada da yadda ake shirya hari. Philippe David ya rubuta labarin Ƙaura Hasau daga bakin mutanen gari cikin shekarun 1960. Ka karanta su, ka kuma saurari kirarin jarumawan nan da har yau maroƙa ke yi a ƙofar fada lokacin salla. Jarumta ce ta gaskiya, sun tsare garin da aka so a shafe. Amma duk inda kirari ya ce an ci gari, ka tsaya ka tambayi kanka ina matan garin da yaransa suka kwana a daren.

Wanda ya fi taɓa ni shi ne *Marriage in Maradi* na Barbara Cooper, na 1997, domin da matan garin nan ta zauna ta yi hira. Ta nuna cewa da bauta ta fara mutuwa, aikin da kuyangi ke yi a manyan gidaje bai mutu ba: daka, ɗiban ruwa, itace, noma. Sai aka cike gurbin ta hanyar aure, da ƙananan mata da sa-ɗaka, har iyakar da ke tsakanin baiwa da matar aure ta dushe a wasu gidaje. Bayan ka karanta ta, zancen wahaya, wato mace ta biyar da ba a ɗaura mata aure ba, da ke ƙasa ba zai zo maka a matsayin baƙon abu ba.

Mene ne bambancin bawan gandu, bawan sarki da ƙwarƙwara?

Bawan gandu shi ne mafi yawa kuma shi aka fi mantawa. Yana zaune a rinji, ƙauyen bayi, yana noma gonar ubangijinsa daga safe zuwa azahar, sauran yini da ranar hutunsa ya yi tasa ƴar gayauna. Baba ta Karo, wadda Mary Smith ta rubuta labarinta daga bakinta a ƙasar Zazzau aka buga a 1954, ta girma a gidan da ke da rinji. Ta faɗi yadda ake kai wa bayi abinci gona, yadda ƴaƴansu ke tashi tare da ƴaƴan gida, da yadda mahara suka kama ƴan'uwanta aka tara wuri aka fanso su. Mohammed Bashir Salau ya bi gandayen Fanisau kusa da Kano dalla-dalla a littafinsa na 2011. Wasu bayin kuma ana barinsu su yi sana'arsu a gari suna biyan ubangijinsu wani abu da aka yanka. Wannan shi ne murgu, kuma ta nan wasu suka tara kuɗin fansar kansu.

Bawan sarki wani abu ne daban. A Kano ta wancan zamani, Shamaki da Ɗan Rimi da Sallama bayi ne, amma suna da dawaki da gonaki da bayinsu, hakimai ma suna shakkarsu. Sean Stilwell ya yi littafi sukutum a kansu a 2004. Ƙwarƙwara kuwa baiwa ce da ubangijinta ya sa a ɗaka. In ta haifa masa, ɗan ɗa ne mai gado, ita kuma ba a sayar da ita, tana samun ƴanci ranar da ya mutu. Sarakuna da yawa a ƙasar Hausa ƴaƴan ƙwarƙwara ne. Wanda aka haifa cikin bauta shi ne bacucane, kuma al'ada ta ƙi a sayar da shi, ko da yake yunwa da bashi da rabon gado sun sha karya wannan al'ada.

An ce bautar ƙasar Hausa mai sauƙi ce, bawa kamar ɗan gida yake. Gaskiya ne?

Akwai ƙanshin gaskiya, shi ya sa maganar ta daɗe. Bawa a nan yana iya aure, yana iya tara dukiya, jikokinsa suna iya narkewa cikin gari, abin da dokokin Amurka suka toshe. Amma ka duba wa ke faɗin maganar. Yawanci zuriyar masu bayi ce, ko Turawan mulki da ba su son rigima da sarakuna. Kuma misalin da ake kawowa kullum bacucane ne ko bawan sarki. Ba a kawo yarinyar da aka kama a bakin rijiya, ko wanda aka dandaƙe don ya zama baban fada, ko waɗanda ƙishirwa ta kashe a hanyar Bilma da Murzuk, inda matafiya suka rubuta cewa sun ga ƙasusuwa zube kewaye da rijiyoyi. Kafin a samu bacucane mai zaman lafiya, sai da aka ƙone garin kakarsa.

Me malaman Musulunci suka rubuta a kai?

Sun rubuta da yawa, kuma ya kamata almajiran garin nan su san wannan ɓangare. Ahmad Baba na Tumbutu ya rubuta *Mi'raj al-Su'ud* a 1615, amsa ga tambayar mutanen Tuwat da ke cikin hamadar Sahara. Ya ce baƙar fata ba dalilin bauta ba ce, ya yi watsi da ruwayar la'anar Ham ɗan Annabi Nuhu, ya kuma lissafa Kano da Katsina da Gobir da Barno da Songai cikin ƙasashen Musulmi da bai halatta a bautar da mutanensu ba. Shehu Usmanu Ɗan Fodiyo ma ya bayyana haramcin bautar da ƴantaccen Musulmi a *Wathiqat ahl al-Sudan*, kuma wannan na cikin ƙorafinsa kan sarakunan zamaninsa.

Abin da ya kamata a faɗa ba ɓoyewa shi ne, waɗannan malamai iyaka suka sa wa bauta, ba su soke ta ba. Iyakar ma an tsallake ta ba adadi. Da yaƙi ya yi zafi, kowane ɓangare ya kira ɗayan da sunan da zai halatta masa kama shi, kuma mutanen Maraɗi da Gobir sun ɗanɗana wannan a jikinsu, kamar yadda aka nuna a amsar da ta shafi Maraɗi.

Yaushe aka hana bauta a ƙasarmu, kuma ta mutu nan take?

Faransa ta fitar da doka ranar 12 ga Disamba 1905 da ta hana bautar da mutum da cinikinsa a yammacin Afirka da ke hannunta. A Arewacin Najeriya, Lugard, gwamnan mulkin mallaka na Ingila, ya rufe kasuwannin bayi, ya ce duk wanda aka haifa daga 1 ga Afrilu 1901 ɗa ne, amma bai saki waɗanda ke hannu ba. Sai suka riƙa fansar kansu a gaban alƙalai, ba a soke bautar gaba ɗaya ba sai 1936. Lovejoy da Hogendorn sun bi wannan jan ƙafa shekara da shekara a *Slow Death for Slavery* na 1993, Martin Klein kuma ya yi na ɓangaren Faransa a 1998.

A Nijar, kwamandojin Faransa sun kau da kai a wurare da yawa saboda suna buƙatar sarakuna da shugabannin makiyaya wajen haraji. Sannan su da kansu suka kawo aikin tilas, na hanyoyi da gine-gine da dako, wanda ba a soke ba sai Afrilun 1946. Benedetta Rossi ta bi wannan zare a ƙasar Adar a *From Slavery to Aid* na 2015, daga bauta zuwa aikin tilas zuwa ayyukan raya karkara na Keita, tana tambayar wa ke yin aikin, wa ke cin moriyarsa.

Yau fa? Ba tarihi ne da ya wuce ba?

Bai gama wucewa ba. Ƙungiyar Timidria mai yaƙi da bauta a Nijar, da aka kafa a 1991, ta yi shekaru tana fito da shari'o'in mutanen da ake riƙe da su a matsayin bayi, kuma binciken da ta yi tare da Anti-Slavery International ya sa aka riƙa ambaton aƙalla mutum 43,000. A 2003 Nijar ta sa bauta cikin manyan laifuka, da ɗaurin shekara 10 zuwa 30. Shari'ar da kowa ya kamata ya sani ita ce ta Hadizatu Mani. An sayar da ita a 1996 tana da shekara 12 a kan jaka 240, ta zama wahaya, wato mace ta biyar da ba a ɗaura mata aure ba. Da aka ba ta takardar ƴanci ta auri wanda take so, sai tsohon ubangijin ya ce matarsa ce, har aka ɗaure ta. Ranar 27 ga Oktoba 2008 kotun CEDEAO ta sami gwamnatin Nijar da laifin kasa kare ta, ta ce a biya ta sefa miliyan 10. An fi samun wahaya a yankin Ƙonni da Madawa da Illela, maƙwabtanmu na yamma.

A cikin garin Maraɗi kuwa abin da ya rage gori ne, kuma a wajen aure yake fitowa. Yaro da yarinya sun daidaita, an kai gaisuwa, an karɓi goro. Sai wani kawu ya ce a dakata a binciki asali. Bayan kwana biyu wata gwaggo ta rage murya a tsakar gida ta ambaci kakan kakan yaron da gidan da aka ce ya fito. Ba wanda zai furta kalmar a fili. Za a ce wa masu nema «Allah bai yi ba», a mayar da kaya da daddare. Yaron yana da digiri, yana limanci a unguwarsu, amma an auna shi da harin da aka kai shekara 150 da suka wuce. Wannan zalunci ne, kuma addinin da muke bi bai san shi ba.

Hausawa sun kai ƙasashen Amurka?

Sun kai, musamman Bahiya a Burazil, bayan yaƙe-yaƙen jihadi sun tura kamammu kudu zuwa bakin teku. Hausawa ne suka jagoranci yunƙurin tawaye a can a 1807 da 1814. A babban tawayen Musulmi na Janairun 1835 a birnin Salbado Yarbawa ne suka fi yawa, amma akwai Hausawa, kuma ƴan sanda sun samu layu da takardun Larabci a jikin waɗanda aka kashe. João José Reis ne ya rubuta littafin da aka fi dogara da shi a kai.

Yawancin marubutan nan Turawa ne. Za a yarda da su?

A karanta su da ido biyu. Matafiyan ƙarni na 19 sun ga kasuwanni da idonsu, amma ƙasashensu na neman hujjar shigowa, yaƙi da bauta kuwa hujja ce mai daɗin faɗi. Rahoton kwamanda yakan rage yawan bayi don kada a takura masa daga sama. Tarihin fada yakan yi shiru a kan kamammu. Maganin shi ne ka haɗa su: Barth da Dorugu tafiya ɗaya suka yi, amma ba abu ɗaya suka gani ba. Kuma namu sun rubuta: Djibo Hamani kan Adar, Salifou kan Damagaram, Yusufu Bala Usman kan Katsina a 1981, Salau kan Kano, da Imam Umaru, haifaffen Kano wanda ya rasu a 1934, da ya bar bayanin zaman bayi da ajami.

A ina zan samu waɗannan littattafai daga Maraɗi?

*Shaihu Umar* shi ya fi sauƙi: masu sayar da littattafan Hausa a Katsina da Kano suna da shi, duk mai zuwa can zai iya riƙo maka. Tsofaffin littattafai irin na Barth da na Schön suna nan kyauta a Internet Archive, maƙaloli da yawa na Faransanci suna Persée, kundin tarihin Afirka na UNESCO shi ma kyauta ne, kuma duk salula na iya buɗe su. Don alƙaluman cinikin teku akwai shafin intanet na SlaveVoyages. Na Ingilishi na jami'o'i suna da tsada, gara ɗalibai su haɗa kuɗi su sayi ɗaya ya zagaya. Ka tambaya a ɗakin karatu na Jami'ar Dan Dicko Dankoulodo, in kuma bincikenka ya yi zurfi sai Yamai, wajen cibiyoyin bincike na IRSH da CELHTO da gidan ajiyar takardun tarihi na ƙasa.

Ina so in yi bincike a unguwarmu ko ƙauyenmu. Yaya zan tambayi tsofaffi?

Wannan ne aikin da ya fi gaggawa, domin littattafan da aka ambata sun bar ƙauyukan Gulbi da yawa ba a taɓa ba, masu labarin kuma suna ƙarewa. Amma kada ka shiga zaure ka ce «Baba, su wa ne bayi a garin nan?» Za a ba ka ruwa a sallame ka, kuma an yi daidai. Tambayi yadda aka kafa garin, wa ya haƙa rijiyar farko, ina ake gudu in an ji kuwwar mahara, wa aka taɓa kamawa aka fanso, da me aka biya. Mutane sun fi sakin jiki da labarin nasu da aka kama, sauran yakan biyo baya da kansa. Ka zauna da tsofaffin mata daban, ka ce «Inna, waɗanne waƙoƙi ake yi wajen daka a gidan kakanninku?», domin abin da maza suka rufe yakan fito a waƙar daka da ta niƙa.

Ka nemi izini kafin ka kunna na'urar ɗaukar murya. Kada ka rubuta sunan gida ko na zuriya, ko an ba ka, domin takardarka za ta iya faɗawa hannun irin kawun nan da aka ambata a amsar da ta shafi yau. Ka sauya sunan ƙauyen in ƙarami ne. In ka gama rubutawa, ka koma ka karanta wa wanda ya ba ka labarin da Hausa, ya cire abin da bai yarda a fitar ba, kafin ka miƙa wa malaminka.